Kafin Ta Narke

Mai sayar da ƙanƙara ba a koya masa lokaci.
Shekara ashirin da shida ina kallon dukiyata
tana ɗiga ta ƙasan amalanke
daga Wadata zuwa bakin tasha.
Abin da ya isa da girmansa shi ne nawa,
saura na rairayin Tawa ne, ya sha.

Ran da gwiwa ta ƙi ni a gindin inji
na kira Sahiya a Yamai.
Ta ce, Baba, ni da allura da majinyata.
Hamidin daga Abijan ya yi dariya:
wa zai baro bakin teku ya zo gadin ruwan da ya daskare?
Ban yi fushi ba.
Na dai daɗe da waya a kunne bayan ya kashe.

Malam Agali, mai lissafin dillalan albasa,
ya shanye shayina har na uku, sannan ya ce:
Nomau, me za ka sayar?
Inji biyu da janareto da rufin kwano?
Kasuwar tana cikin kanka,
kuma ba a cinikin kai.
Ba kanka shekara biyar, ka fiddo ta.

Shekarar fari na raba aljihu da akwati,
kuɗin cefane daban, na gazuwal daban.
Tsahara ta ce na zama baƙo a cikin guminka,
a'a, gumina, haka ta ce,
ina sa hannu kafin in ɗauki jaka biyu.

Ta biyu na bi bashi.
Mai kifin Tabalak ya biya rabi, ya daina gaishe ni.
Mahauci ya biya da cinya.
Akwai suna uku da na ja wa layi da kaina,
masu su suna kwance gabas da gari,
ba zan buga wa marayu ƙofa da littafi ba.

Ta uku ta tafi a kan benci.
Takardar fili gara ta ci mata kusurwa,
lanho na shekara huɗu ya taso kamar tsohon miki,
na koyi sunan kowane mai gadi a ofishin magajin gari.

Ta huɗu ce ta yi mini ciwo.
Na miƙa wa Arzika makullai ana gobe azumi,
watan da gari duka ke layi a ƙofarmu.
Na zauna gida, waya bisa tabarma.
Wuta ta ɗauke da la'asar, na miƙe tsaye,
sai na ji janareto daga nesa ya amsa
ba tare da ni ba.
Kwana talatin babu wanda ya neme ni.
Bayan salla ya kawo littafi, riba ta ɗara ta bara.
Na ce madalla.
Daren nan tuwo ya kwana a kwano.

Bana Hajiya Kubura ta Bilbis ta zo da ɗanta mai tabarau.
Ba ta dubi furfurata ba, shafi ta duba,
ta ɗora kunne jikin inji kamar ungozoma.
Ta taya, na ce albarka.
Ta ƙara, na ce da sharaɗi:
Arzika da yara huɗu suna nan,
matan da ke ɗaukar na lamurje da safe
su ci gaba da biya da marece.
Ta ce, to sunan da ke jikin ƙofa fa?
Na ce fenti ne.

Lahadi mai zuwa, in kasuwa ta watse, za mu sa hannu.
Yau na ɓallo guntu ɗaya, na biya dala biyar,
Arzika ya rubuta.
Na riƙo shi a tafi har gida.
Tsahara ta ce me ka kawo?
Na nuna mata hannu, jiƙe, da ɗan sauran sanyi.